Kalmar da Jikana Ya Kwaso a Kano

Ni dai na gaji da wannan kalma, wallahi na gaji. Tun da jikana Habu ya dawo daga Kano, inda ya je dakon buhunan gyaɗa a bakin jirgin ƙasa, kunnena bai huta ba. Ƴaƴan mutane sukan dawo daga Kano da turmin alawayyo, ko tasa, ko ɗan turare na uwarsu. Shi da kalma ya dawo, ƴar guntuwa kamar tari: fit. Wai ta Ingilishi ce. Wai likitan Turawan can yakan jera ƴan dako, ya ƙwanƙwasa ƙirjin mutum, ya leƙa haƙoransa, in ya gamsu ya ce fit a ba shi aiki, in bai gamsu ba ya kaɗa hannu a kore shi. Habu aka ce wa fit tun kallon farko, shi ke nan kai ya kumbura. Yanzu samarin unguwarmu ta Zango duk sun ɗauka. Jaki ya hau tudu da kaya bai durƙusa ba, fit ne. Takalmi ya zauna daidai a ƙafa, fit ne. Budurwa ta wuce da tulu, sai ka ji ana raɗa cewa ta fit. Har tuwo, jama'a! Rannan uwarsa ta kawo mana tuwon dawa, ja'irin ya kai loma ya lumshe ido ya ce ya fit. Na ce to ka daina cinsa mana, ka ɗora masa buhu.

Da a kan jaki da tuwo abin ya tsaya da na ja bakina na yi shiru. Amma wani akawu ya ƙara masa da wani karatu. Wai a ƙasarsu ta Ingilishi an yi wani masani da ya ce duniya ma haka take tace halittu, kamar yadda likita yake tace ƴan dako: wanda ya fit ya saura ya hayayyafa, wanda bai fit ba ya shuɗe, daga tsuntsu har ciyawa har ɗan Adam. Da na matsa wa Habu da tambaya ya yarda cewa akawun ya ce ba ƙarfi kaɗai ake nufi ba, har da dacewa da wuri da zamani. To wannan rabin maganar a hanya ya faɗi, tsakanin Kano da Daura, rabin ƙarfin kaɗai ya iso gida. Sai ya zauna a gabana yana murza damtse yana cewa, "Kaka, mai ƙarfi ne yake saura, haka duniya take." Ni yake gaya wa! Ni da ƙafata ta hagu ba ta fi muciya kauri ba, ni da na ga bayan duk ƙartin da aka haife mu tare. Kuma abin da ya hana ni dariya shi ne kumandan, Baturen da ke mulkin garin nan, ya aiko gardi, wato dogarinsa, ya ce samarin Zango su hallara a bariki a duba su, za a ɗebi sojan da za a kai yaƙin Nasara a bayan ruwan gishiri. Sauran iyaye suna neman inda za su ɓoye ƴaƴansu, nawa kuwa yana shafa wa ƙirjinsa man gyaɗa.

Ba a birnin nan aka haife ni ba. Wani ɗan ƙauye ne a bayan Guna, gari mai rairayi da gawo, tun zamanin da ake cikin ɗaga ganuwar Birni, Bature kuwa sai a labarin fatake. Abin da nake fara tunawa da garin nan ƙara ne. Kafin ka buɗe ido luguden mata ya fara, gida yana amsa wa gida, har kana iya gane tabaryar Inna a cikin sauran don ita takan jefa ta sama ta tafa kafin ta cafe. Sai kukan igiyar guga a bakin itacen rijiya, sai awaki, sai tarin Baba yana alwala. Yanzu kuwa kakaki ne na bariki yake tashin mutane, kamar dukanmu dawakin kumandan ne. Aikina a gida bai wuce na mai ɗingishi ba: korar tsuntsu daga gero, tufka igiya, kai wa manoma fura a gona, in isa rabinta ya zube. Da kaka ina zama kusa da Baba yana zaɓen iri. Yakan baje damin gero ya bi zangarniya ɗaya ɗaya, wadda ta fi tsawo da cika ya ware ta a rataye a ƙoƙuwar rumbu, sauran ya ture da ƙafa ya ce a kai wa turmi. Inna takan ce masa, "Kai dai ba ka lura, dogayen nan naka su tsuntsaye suke fara sauka a kai." Yakan ce mata ta je ta ji da tukunyarta.

Yadda Baba yake kallon doguwar zangarniya, haka yake kallon wana, Yaya Sale. Uwa ɗaya uba ɗaya muke, amma in ka gan mu tare sai ka rantse an yi shi ne da hatsin gidan duka, ni aka yi ni da abin da ya saura a ƙwarya. Wuya kamar na bajimi, dariya kuwa ana jinta daga rijiya. Doguwar hauyarmu ta rairayi, wadda ake turawa a tsaye, sai da aka yi masa ƙota ta musamman don ta kowa ta yi masa gajarta. Bai taɓa raina ni ba, wannan zan faɗa ko a gaban wa. In ƙafata ta gaji a hanyar gona yakan ɗauke ni a kafaɗa, ni da ƙwaryar furar gaba ɗaya, yana cewa ai furar yake tausayi.

Yaran yanzu ba su san take ba, sai an yi musu bayani kamar baƙi. A zamaninmu duk manomin da ya isa yana da kiɗansa na kansa, wanda makaɗi ya tsara masa a kan ganga, ba a kaɗa wa kowa shi sai shi. In ana gayya, an taru a nome gonar wani, makaɗi yana bin bayan manoma, ya ga wani ya fara sanyi sai ya saki takensa. Ka ga mutumin da ya kusa faɗuwa ya zabura, ya yi kirari, ya tura hauya kamar yanzu ya fito daga gida. Ba abin wasa ba ne. Namiji ya ji takensa ya zauna, ya gama yawo a garin, ko mata ba za su gaishe shi ba. Mun ga wanda ya tashi daga tabarmar zazzaɓi, mun ga ango ya fito da lalle a hannu. Makaɗin garinmu wani tsoho ne mai ido ɗaya, kuma duk cikin kiɗansa babu mai daɗin taken Yaya, shi ma ya sani, don ko a gidan suna hannunsa can yake zamewa. Ni ba ni da take. In na zo wucewa tsohon banzan yakan buga gangar a karkace, ɗaya da ƙarfi ɗaya a sanyaye, daidai da tafiyata, mutane su yi ta dariya. Ina dariyar tare da su, amma ciwonta yana nan har yau.

Wata shekara bayan an gama ɗaure dami, wata mai tallan kanwa ta zo da labari daga Birni. An ƙera manyan bindigogi na tagulla, igwa ake ce musu, masu nauyin da raƙumi ba ya ɗauka, za a fita da su yaƙi kudu, kuma mutane ne za su ja su da igiya a cikin rairayi. Wani kacalla, babban bawan fada, yana bin ƙauyuka yana zaɓen ƙarti, ya riga ya wuce Hamdara, mu ne a gabansa. Inna tana tankaɗe ta ji, ta ajiye faifan, ta dubi Yaya tun daga kai har ƙafa kamar ranar ta fara ganinsa. Ni a lokacin kurkunu ya fito mini a idon sawu, tsutsar nan ta ruwan tafki da ake naɗewa a tsinke a riƙa ja kaɗan kaɗan kullum. Ta dubi ƙafata, ta sake duban tasa, ta tashi ta ɗauko mazari. Ta kaɗa farin zare siriri, ta naɗe shi a tsinke, ta manna bakin zaren a idon sawun Yaya da ƙaro, ta shafe ƙafar da toka da man shanu, ta ɗaure da tsumma mafi ƙazanta a gidan. Daga nesa ko ni ba na bambance tawa da tasa.

Baba ya shigo ya gani, ya yi tsaye. Ya ce, "Ɗana ne zai kwanta a gaban baƙi kamar mai jego?" Inna ko ɗaga kai ba ta yi ba, ta ce, "Gara ya kwanta inda nake ganinsa, Malam, da ya kwanta inda ba wanda zai nuna mini wurin." Baba ya yi tsaki ya fita, amma bai ce a kwance ba. Kafin rana ta faɗi dabarar ta zaga gari, don mata ba sa riƙe irin wannan. Wanshekare garinmu kaf ya zama gidan jinya. Wannan an ɗaure masa ido, wancan yana tari kamar zai amayar da hanta, ƙaton da jiya ya ɗaga turmi da hannu ɗaya yau yana dogara sanda yana nishi. Aka sa ni in koya wa Yaya ɗingishi a bayan rumbu. Karo na farko ke nan da wani ya nemi koyon wani abu a wurina, kuma ban taɓa ganin ɗalibi maras kai irinsa ba. In ya tuna ya ɗingisa da hagu, in ya manta ya koma dama, yana yi yana ƙyaƙyata dariya. Daga ƙarshe Inna ta ce kar ma ya yi tafiya, a shimfiɗa masa tabarma a gindin zana ya kwanta kawai.

Da hantsi kacalla ya iso. Bulama, mai garinmu, ya shimfiɗa masa buzu a inuwar gawo, aka kawo fura, aka fito da samari. Mutumin tsoho ne mai sanyin murya, ya daɗe yana kallonmu. Can ya ce, "Bulama, rumbunan nan da na wuto cike da hatsi, aljanu ne suka nome muku?" Bulama ya yi ta murza hannu yana cewa ciwo ne ya sauka bayan kaka. Kacalla ya ce, "Allah ya sawwaƙe. Ashe akwai garin da mata ba sa haihuwar maza." Na ga jijiyar wuyan Baba ta tashi. Ni kuma ban san abin da ya shige ni ba. Duk rayuwata ana zaɓe ana tsallake ni, yau ga fili babu kowa a tsaye, sai na ɗingisa na fito na ce ga ni, a tafi da ni. Ya dube ni sama da ƙasa ya ce, "Kai za ka ja igwar, ko ita za ta ja ka?" Mutanensa suka kwashe da dariya. Amma ya sa aka kwance tsummana, ya sunkuya ya ga tsutsa ta gaske tana motsi a cikin nama, ya yamutsa fuska ya ja da baya. Wannan ya sa ya fara yarda. Ya leƙa Yaya daga nesa, ya ga irin tsumman da irin tsinken, ya girgiza kai ya miƙe ya ce a kawo masa dokinsa. Na ji Inna ta sauke numfashi a bayana.

To a nan ne wautarmu ta garin nan ta fito, wadda har yau in na tuna nakan ji kamar in mari wani. Babban baƙo ba ya barin gari babu kiɗan rakiya, abin kunya ne. Mata sun tuna da toka, sun tuna da tsumma, sun tuna da sanda, babu wadda ta tuna ta ja kunnen makaɗi. Bulama ya yafito shi, tsohon ya rataya ganga ya fara kiɗan sallama, tiƙis tiƙis, babu armashi, gari ya yi tsit kamar ana makoki. Makaɗi kuwa ba ya jure kiɗa a gaban matattun fuskoki, balle a gaban baƙo daga Birni. Sai kawai na ji hannunsa ya juya zuwa taken Yaya. Har ta koma ga Allah Inna tana cewa da idonta ta ga Baba ya ɗaga wa makaɗin gira. Shi kuma Baba har ya koma ga Allah yana rantsuwa cewa ƙuda ne ya sauka masa a goshi. Ni ban gani ba, don idona yana kan ƙafar Yaya.

Yatsun ne suka fara motsi. Babban yatsa tukuna, sannan sauran, suna bin kiɗan a ƙarƙashin tokar. Inna ta faɗa kansa ta danne kafaɗarsa tana raɗa, "Sale, don nonon da ka sha, ka kwanta. Sale, ka toshe kunnenka." Ya runtse ido, gumi yana keto masa, ya cije leɓe har ya yi jini. Wallahi ya yi ƙoƙari, ba zan zalunce shi ba. Na rarrafa na rungume ƙafar da hannu biyu. Makaɗi ya sake maimaita kan taken, inda gangar take kiran sunansa, sai na ji ni a ƙasa can gefe, bakina cike da rairayi. Yaya yana tsakiyar fili, hannu a sama, yana ihu, "Sai ni Sale na Inna, mai cinye gona kafin hantsi!" Tsinken yana reto a bayansa da zarensa. Kuma kirari ba ya tafiya shi kaɗai. Mai ɗaurin ido ya fizge ɗaurin ya amsa, mai tari ya manta da tarinsa, mai sanda ya yi jifa da ita. Kafin makaɗi ya gane abin da ya yi ya dafe gangar, majinyatan garinmu duk suna tsalle a gaban baƙo.

Kacalla ya cire ƙafarsa daga likkafa, ya koma kan buzunsa a hankali. Ya kira Yaya, ya tsinke zaren ya murza shi a yatsa, ya ce, "Kurkunun garin nan da mazari ake kaɗa shi? Wadda ta yi wannan ta iya kaɗi." Bai yi faɗa ba, bai sa an daki kowa ba. Ya bi su ɗaya ɗaya yana taɓa damtse, kamar dai Baba a gaban damin gero, dogaye da cikakku a gefe guda. Yaya aka fara warewa. Abin da ya fi ba ni haushi shi ne murna yake yi. Ya durƙusa wa Inna, ta kau da kai. Ya zo ya kakkaɓe mini rairayin fuska ya ce, "Ka riƙe mini hauyata, ƙanena, kar ka bari ta yi tsatsa, da ruwan farko ina nan."

Ruwan farko ya zo, wasu daga cikinsu suka dawo kamar ƙasusuwa a cikin riga. Ɗayansu ya ce saboda Yaya ya fi kowa ƙarfi, kullum shi ake sawa a kan igiya, kuma duk inda igwa ta kafe shi ake kira. A wani rafi mai yashi ya ja har wani abu ya tsinke a ƙirjinsa, ya yi ta aman jini, aka rufe shi a gefen hanya. Inna ta tambaye shi wane rafi, ya ce rafukan duk kama suke. Damina ba ta jiran makoki, ga gona, ga Baba ya karye ya zama tsoho a wata guda, hauyar kirki kuwa ɗaya ce a gidan kuma ta fi ni tsayi nesa. Na ɗauki gatari na rage ƙotar daidai ni. Inna tana jin saran ta shige ɗaki, ba ta ci abinci ba ranar. Da wannan hauya na ciyar da su har suka mutu. Makaɗin bai sake kaɗa taken ba, kuma bai sake kwaikwayon tafiyata ba.

Aka yi ta zuwa ana zaɓe bayan wannan, yau aikin ganuwa, gobe yaƙi, kullum dogaye ake ɗauka. Mu da aka ture da ƙafa, mai ɗingishi da mai hakiya da mai tarin gaske, mu muka yi aure muka cika garin. Ku je ku gani in kuna musu, gari guda na gajeru masu siraran ƙwauri. Zuriyata kaɗai ta cika gidaje a can da nan Zango, duk irina, Yaya kuwa ko ɗa ɗaya bai bari ba. To in masanin Ingilishi yana da gaskiya, sai ya zo ya dube ni da kyau ya ce mini fit, in ga ko ba zai yi dariya ba. Na gaya wa Habu duk wannan, ya ce ai wancan zamanin jahilci ne, yanzu da ilmi ake zaɓe. Da ilmi! Kacalla ma ai damtse ya taɓa, ya kuma san abin da yake nema.

Abin da ban gaya masa ba shi ne, a cikin duk gajerun nan da na tara, shi kaɗai ya fito daban. Wuyan nan, kafaɗar nan, dariyar da ake ji daga bakin rijiya. Ranar da ya fara tafiya na ga yadda yake jefa ƙafa, sai da na nemi wuri na zauna. Na yi ta gode wa Allah cewa zamanin take ya wuce, babu makaɗin da ya san sunansa, babu gangar da za ta tashe shi.

Yau da safe ne za su bariki. Tun asuba na sa uwarsa ta kaɗa mini zare, na samo tsinke da ƙaro, ta kawo toka a kasko tana share ido da gefen zane. Na kira shi na ce ya miƙo ƙafa. Ya yi dariya ya ce, "Haba Kaka, likitan Nasara fa ba kacalla ba ne." Na ce ya rufe mini baki ya miƙo, ɗan banza. Ya dubi uwarsa, ya dube ni, dariyar ta ɗauke. Ya zauna a ƙasa ya ɗora ƙafar a cinyata. Na manna zaren, na shafa tokar, yana kallona, har na fara cewa a raina wannan karon mun tsira. Ina cikin ɗaure tsumman sai samarin unguwa suka iso ƙofar gida, suna tafi suna kiransa da waƙa-waƙa: "Ina Habu? Ina fit na Kano? Habu fit, ana jiranka!"

Na dubi ƙafar da ke cinyata, babban yatsan ya fara motsi a ƙarƙashin tokar. Na damƙe ta da hannu biyu, hannuwan nan da ba su iya riƙe Yaya ba tun suna da ɗan ƙarfinsu.